Shari'ar Injiniya Mai Famfo

"Sake karanta layin nan," in ji Injiniya daga kan gado. "A hankali, ba irin gudun da kake yi da keken ɗinki ba."

Tela ya gyara tabarau, ya matsa kusa da taga. Takardar ta ce babbar kotu ta yanke cewa kotun ma'aikata ce ke da hurumin sauraren ƙarar ma'aikatan hukumar gidaje. An sa ranar zama nan da wata biyu.

Injiniya ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. "Shekara uku ana shari'ar wanda zai yi shari'a."

Shi dai ba injiniya ba ne. Mai gyaran famfo ne, mutanen benen suka liƙa masa sunan. Shekara talatin da ɗaya yana bin bututun gidajen hukuma, ita ce kuma ta ba shi ciki da falo a hawa na biyu, ƙofarsa na kallon ta Tela. Saura wata takwas ya yi ritaya aka kore shi, wai ya rufe ruwan benen nan mai hawa huɗu kwana biyu ba tare da izini a rubuce ba. Ya kai ƙara kotun ma'aikata, suka ce hukumar ta gwamnati ce, ba su da ta cewa. Ya je kotun gari, suka ce rigimar aiki ce, ya koma inda ya fito. Tela ne ke raka shi, har ya haddace bencinan kotunan biyu.

Dokar hukumar kuwa a fili take. Wanda ya yi ritaya, matarsa za ta zauna a gidan har ƙarshen ranta. Wanda aka kora, sai a kwashe kaya. Ƙarar ce kaɗai ta hana a kore su har yanzu, ga shi likita ya ce ciwon da ya kwantar da Injiniya ya ci ƙarfin magani.

Da Tela ya fito, Uwargida, matar Injiniya, ta biyo shi bakin matattakala, tana goge hannu da gefen zane.

"Malam Tela, in ya tafi, ƙarar za ta bi shi?"

"Ban sani ba, Uwargida. Amma gobe zan sani."

Washegari ya bar rigar mutane ba hannu, ya hau mota zuwa kotun ma'aikata. Magatakardar, wata mata mai sanyin murya, ta saurare shi har ya gama. Ta ce idan mai ƙara ya ba da bayaninsa bisa rantsuwa tun yana da rai, matarsa za ta tsaya a madadinsa. Tunda ba ya iya tashi, ita magatakardar za ta zo gidan.

Ran Alhamis da hantsi ta iso da jakar takardu. Injiniya ya sa an saka masa rigar aikinsa mai ruwan toka, wadda yanzu ta yi masa yawa.

"Ka ga aikin tela," ya ce. "Riga ta fi mai ita."

"Mai ita ne ya ƙi cin abinci," in ji Tela.

Magatakarda ta rantsar da shi, sannan ta tambaye shi dalilin da bai nemi izini a rubuce ba.

"Ranki ya daɗe, na faɗa wa shugabanmu da baki, sau biyu. Ya ce in rubuto. Ruwa kuwa yana cin ginshiƙin gida, da mutane a sama. Ruwa ba ya jiran hatimi."

"Hukumar ta ce ba wanda ya ga yoyo, Baba. Yaya ka sani?"

Ya sa Uwargida ta ɗauko masa dogon sukudireba daga akwatin kayan aiki. Ya ce magatakarda ta dafa bakinsa a jikin bututun da ke bin kusurwar ɗakin, ta manna ƙotar a kunnenta. Ta ajiye biro ta durƙusa.

"Me kika ji?"

"Ba komai. Shiru."

"Lafiyayye ke nan. Tela, je ka ɗan murɗa famfon kicin, kaɗan."

Tela ya murɗa. Da ya leƙo, ya ga idanun matar sun buɗe.

"Yana huci," ta ce.

"To haka na ji a ranar, alhali duk famfunan benen a rufe suke. Rubuta."

Ta rubuta shafi biyu, ta karanta masa, ya sa hannu da ƙyar, Tela na tallafe masa gwiwar hannu. Sai ya tambaye ta yaushe za a gama.

"Gaskiya, Baba, ko wa ya ci, ɗayan zai ɗaukaka ƙara. Shekara biyar, ko fiye."

"Kafin nan fa?"

"Kafin nan ba mai taɓa ƙofar nan."

Injiniya ya lumshe ido, murmushi ya bazu a fuskarsa. "Tela, duk zagin da na yi wa jinkirinsu, na janye. Allah ya ƙara musu nawa." Ya juya wajen matarsa. "Kin ji ko? Ki zauna abinki."

"Na ji," ta ce, tana gyara masa matashi. "Kai dai sha shayinka."

Ya shanye kofin duka, abin da ya kwana biyu bai yi ba.

Kwana huɗu bayan haka, da rana tsaka, Tela na kan keke sai ya ga inuwa a ƙofa. Uwargida ce tsaye. Ya ɗauke ƙafarsa daga kan feda, keken ya yi juyi biyu ya tsaya. Kafin yamma mutanen benen sun cika matattakala, har da waɗanda suka yi ta mita ranar da aka rufe musu ruwa. Suka raka gawar Injiniya makwancinsa.

Bayan mako uku, wata safiya, Tela ya ji bugu daga gidan maƙwabta. Ya leƙa, ƙofar a buɗe. Uwargida na tsaye a kan kujera, da ƙusa biyu a bakinta, tana kafa ta uku a bango. Sabon labule mai ruwan ganye na ninke a kafaɗarta, rana na shigowa ta taga.