Shekara Ɗari na Rumbun Halsted

Verlin Tegtmeier ne ya kawo mini aikin har gida. Shi ne manajan rumbun ƙungiyar manoman garinmu, Halsted, kuma a bana rumbun yake cika shekara ɗari. Ya tsaya a bakin kicin yana jujjuya hularsa.

"Marlys, littafi za mu yi. Ke za ki buga mana."

"Matarka fa? Hannunta ya karye?"

"Ardith? In muka ba ta, sai rumbun ya cika shekara ɗari biyu. Ke kaɗai ce a garin nan kike buga rubutu da yatsa fiye da biyu."

Na ce to. Ban yi dariya ba, shi ma bai jira in yi ba.

A wannan yanki na jihar Nebraska komai yana da littafinsa. Coci tana da nata, makarantar da aka rufe tana da nata, har kamfanin wayar da ya mutu tun muna yara. Ba mai karanta su daga farko. Mutum ya buɗe baya inda aka jera sunaye, ya nemi na gidansu, ya duba shafin, ya ajiye littafin a ƙarƙashin talabijin. Amma in jikanka ya zo neman ka wata rana, nan zai duba, don ba wani wurin.

Mijina Orrin Pokorny ya yi shekara talatin da 'yan kai yana aiki a rumbun. Shekara uku da suka wuce ya shiga ɗaya daga cikin manyan rumbunan ya fasa masarar da ta dunƙule a sama, ta rufta da shi. Sai da aka yanka ƙarfen gefen aka zubar da masarar a ƙasa kafin aka fito da gawarsa. Tun ranar ban ƙara jin komai sosai ba. Ina ci, ina wanka, ina zuwa coci, in aka yi mini magana ina amsawa. Abu ɗaya ne ya sa na karɓi aikin: ina so in ga sunansa a littafin, in buga shi da yatsuna.

Yadda ake yi a nan, mutum ba ya rubuta labarin kansa ko na mutumin gidansa. Abin kunya ne, sai a ce kana yabon kanka. Maƙwabci ne yake rubuta ka, kai ma ka rubuta wani. Mai bugawa kuma ba ta ƙari ba ta ragi, ko da an rubuta shirme.

Takardu suka fara zuwa, kowacce da kwanon abinci a kanta. Ba wanda ya iya miƙa wa gwauruwa takarda hannu rabbana. Firjina ya cika da taliya da nama, teburina ya cika da labarin gobarar da ta ci rumbun katako na farko, da shekarar fari, da shekarar da alkama ta yi arhar da manoma suka riƙa ba aladu. Kowace takarda sai na bi ta da ido tukuna ina neman sunansa, sannan in fara bugawa.

Wani tsohon direba ya rubuta labarin hunturun da injin ɗaga hatsi ya daskare, motoci suka yi layi har bayan gari. Ya ce "wani daga cikin ma'aikatanmu" ya hau har can ƙololuwa cikin ƙanƙara ya gyara shi. Na san ko wane ne. Ni na jiƙa masa hannuwa a ruwan ɗumi da ya dawo. Na buga "wani daga cikin ma'aikatanmu" kamar yadda aka rubuta, na wuce.

Na ce a raina Verlin ne ya riƙe labarin Orrin, tunda shi ne babban abokinsa kuma shi zai rubuta babin ƙarshe. Da babin ya zo, na nemi shekarar da abin ya faru. Ya rubuta cewa a wannan shekara an samu masarar da ba a taɓa samun irinta ba, an kuma sayi sabon injin busar da hatsi. Daga nan sai shekara ta gaba.

Ardith ce ta kawo babin, haɗe da faranti na kolaci, burodin nan namu mai zaƙi a tsakiya. Ƙawata ce tun muna makaranta.

"Ardith, babin Verlin ya ƙare ke nan?"

"Ya yi tsawo ko? Na ce masa ya rage surutu, mutumin nan ko da alƙalami ba ya gajiya."

"A'a, bai yi tsawo ba."

"To ci kolacin nan, baiwar Allah. Dubi wuyanki, duk kin zube." Ta dafa hannuna. "Mun san aikin nan ba sauƙi gare ki. Duk mun yi iya ƙoƙarinmu."

Na buɗe baki, sai ta kalli taga ta ce da alama ruwan nan zai wuce mu ya sauka a kudu. Na ce haka ne, kullum kudu yake sauka. Muka yi hirar ruwa har ta tashi.

Ban fid da rai ba. Hotuna ba ta hannuna suke bi ba, Verlin ne yake zaɓa ya aika wa masu ɗab'i. Na tuna a littafin coci an ba tsohon fasto shafi guda shi kaɗai, da hotonsa, ba tare da mai bugawa ta sani ba. Na ce wataƙila haka suka shirya, ba sa so in gani sai ranar. Ban tambaya ba, don ba a tambayar irin wannan.

Ranar bikin aka jera tebura a zauren wasanni na tsohuwar makaranta. An gasa naman sa, an dafa masara, tsofaffi sun sa rigunan zuwa coci. 'Yata Tamra ta taho daga Omaha. Ita ta fi ni ɗokin littafin, tana so ta nuna wa 'ya'yanta kakansu. Aka farke kwalaye, zauren ya yi tsit, sai ƙarar takarda, kowa ya buɗe bayan littafin yana neman sunan gidansu.

Tamra ta bi da yatsa. Ta koma sama, ta sake bi.

"Mama, Pokorny ɗaya ne. Ke ce. Wai mai bugawa."

"Duba tsakiya, wajen hotuna."

Ta duba. Ta duba gaba, ta duba baya. Ta miƙe da littafin a hannu ta nufi Verlin, yana tsaye wajen tukunyar kofi ana ta taya shi murna. Na bi ta a hankali.

"Kawu Verlin, ina babana?"

Ya yi ƙasa da murya, ya kalle ni, ya kalle ta. "Tamra, 'yata, mun zauna mun yi shawara tun farko. Kowa ya yarda. Mahaifiyarki ce za ta buga, ba za mu sa ta zauna ita kaɗai a gidan nan tana buga sunansa ba. Ba a yi wa mutum haka."

"Hotunan fa?"

"Na bi su ɗaya bayan ɗaya da kaina. Littafin nan a ɗakinta zai zauna. Ba na so duk ranar da ta buɗe..." Bai ƙarasa ba. Har lokacin fuskarsa ta mutumin da ya yi abin kirki ce.

"Shekara talatin, Kawu! Shekara talatin yana shaƙar ƙurar rumbunku, a ciki ya mutu, amma injin busar da masara ya samu shafi guda da hoto?"

Na ga lokacin da maganar ta shige shi. Bakinsa ya buɗe, kofin hannunsa ya karkace har kofi ya zuba masa a takalmi. Ardith ta toshe baki da hannu ta fara kuka. Ta juyo gare ni.

"Marlys, don Allah, me ya sa ba ki ce komai ba?"

"Na ɗauka wani zai rubuta."

"Mu kuma mun ɗauka..." Ita ma ba ta ƙarasa ba.

Wani daga baya ya ce ba komai, sai a sa shi a littafi na gaba. Mafi ƙuruciya a kwamitin littafin ya haura sittin, kuma rabin gidajen titinmu babu kowa a ciki.

Na koma na zauna. Ban ji haushin kowa ba. Na nemi haushin a raina, na jira shi, bai zo ba. Mutanen nan su suka kwashe masara da shebur da hannuwansu ranar da ake neman Orrin, wasu har farcensu ya fita. Tamra ta fita waje, na hango ta ta gilashin ƙofa ta juya wa zauren baya. Aka fara raba abinci, don ya riga ya dahu.

Na jawo littafin ina buɗawa ba don ina neman wani abu ba. Aikin ya yi kyau, ban ga kuskuren bugu ba. Wajen tsakiya akwai hoton ma'aikata a gaban sikelin auna motoci, kowa da hula, suna runtse ido saboda rana. Verlin ne na ƙarshe a dama, da sauran ƙuruciyarsa a lokacin. Daga nan aka yanke hoton, an yanke shi tsaf. Amma a kan kafaɗar Verlin akwai hannu, yatsu huɗu da ɗan bakin hannun riga. Ƙaramin yatsan a karkace yake, tun da ƙofar mota ta datse shi kafin mu yi aure.

Na daɗe ina kallo. Sannan na tashi na buɗe ƙofa.

"Tamra, zo ki ga babanki."

Ta shigo da sauri tana goge ido, ta karɓi littafin. Ta bi fuskokin ɗaya bayan ɗaya, daga hagu zuwa dama, ta sake komowa.

"Ina yake, Mama?"

"Ba a fuskokin ba," na ce. "Duba kafaɗar Verlin."