Sunan Alhaji Dabo

Abdussamad ya taka birki a bakin kotun Anka, ya juyo ya ƙare wa matarsa kallo kamar mai duba hajar da zai kai kasuwa.

"Gyara mayafinki. Ba wani abu ba ne mai wuya. Ki shiga Nusaiba Yakubu, ki fito Nusaiba Dabo, shi ke nan."

Nusaiba ta gyara mayafin. Ita ma'aikaciyar lafiya ce a wani ƙaramin asibiti a Adabka, kuma hanyar Adabka ta gama cinye mata ƙugu a kan babur. Sai ga kujerar shugabar sashen mata da yara ta samu a nan cikin Anka, ga inuwa, ga fanka, ga gida kusa. Ta nema, takardunta suka je ofishin masu rabon kujeru suka yi barci. Abdussamad ya bi sawu ya dawo da bayani. Wai wani babba ya tambaye shi, wace ce kuma Nusaiba Yakubu? Yakubu mai facin taya na tashar Gummi? Amma da Dabo ne a jikin takardar, da ƙafarta za ta tashi ta bi ofis-ofis.

Wannan shi ne dalilin da yake faɗa. Wanda ba ya faɗa shi ne ya taɓa zuwa Abuja, ya ga matan manya kowace tana jan sunan mijinta a baya kamar wutsiya. Tun daga nan ya yanke hukunci cewa mace ta zauna da sunan ubanta ƙauyanci ne. Har ya sa an buga mata kati da sabon sunan, yana cikin aljihunsa.

Sunan kuwa ba baƙo ba ne a ƙasar nan. Lokacin da zinariya ta ɓulla a ƙauyen Duza, Alhaji Dabo, mahaifin Abdussamad, shi ya kafa injinan niƙa dutse a tsakar gida, cikin unguwa, inda yara ke rarrafe. Ƙura ta sauka a tukunya da randa da bakin jariri. Yara suka fara sanƙarewa suna mutuwa. Da likitoci suka zo suka ce gubar dalma ce, Alhaji ya ce iskoki ne da hassada, ya mai da injinansa bayan katanga ya ci gaba. Da ya gaji da tara kuɗi ya gina masallaci, ya sa aka rubuta sunansa a goshinsa da haruffan da suka fi yaron goye tsawo. A ofisoshi sunan nan yana buɗe ƙofa. A Duza idan an ambace shi mata tofar da yawu suke yi.

Nusaiba ta san wannan duka, domin tana cikin waɗanda suka riƙa ɗura wa yaran magani a shekarun nan. Ta sani ta kuma auri ɗansa, don Abdussamad ba shi ya kunna injin ba, kuma motarsa tana da sanyi. Ta gaya wa kanta cewa auren ɗan mutum daban, ɗaukar sunansa daban. Yau ga shi an zo kan na biyun.

Suna hawa barandar kotu wata mata ta miƙe daga kan benci ta tafa hannu.

"La, ɗiyar Yakubu! Ke ce wagga?"

Habsu ce, mutuniyar Duza, ta zo shari'ar gona. 'Ya'yanta biyu ƙurar nan ta kashe, na ukun Nusaiba ce ta yi ta fama da shi har ya tashi.

"Inna Habsu, ina kwana? Ya mai sunan Malam?"

"Shina nan, ya yi wayo, maganar ce dai har yau ba ta zauna ba. Mi kika zo yi kotu? Wa kika kasa biya?"

Nusaiba ta buɗe baki, Abdussamad ya riga ta. "Canjin suna za ta yi. Daga yau Hajiya Nusaiba Dabo."

Habsu ta dube shi tun daga hula har takalmi, ta koma ta zauna.

"To, Allah shi sa albarka. Ki dai ci abinci ki ƙoshi, ɗiyata, sunan na da nauyi. Mu mun san nauyinai, mu munka ɗauke shi hal maƙabarta."

"Jahilci ke nan," in ji Abdussamad, ya ja hannun rigarsa. "Mu je."

Ofishin rantsuwa ɗan ɗaki ne mai teburi ɗaya. Mai rantsarwa, Malam Lirwanu, mutum ne da ya yi imani cewa duniya tana tsaye ne a kan hatiminsa. Yana cikin goge tabarau aka ji sallama da ƙamshin turare. Alhaji Dabo ne da kansa, da babbar riga da carbi. Ɗansa ya gaya masa za a sa sunansa a wata takarda, kuma Alhaji bai taɓa jin za a rubuta sunansa a jikin wani abu ya ƙi zuwa kallo ba. Lirwanu ya miƙe ya ba shi kujerarsa. Nusaiba ta durƙusa ta gaida surukinta.

"Ɗaga hannunki," in ji Lirwanu. "Abin da na ce ki maimaita. Ni, wadda a da ake kira Nusaiba Yakubu."

Ta maimaita.

"Na yarda daga yau a kira ni Nusaiba Dabo."

"Na yarda daga yau a kira ni Nusaiba..."

Sai ta tsaya. Ta tagar da ke bayan Lirwanu tana hango ƙeyar Habsu. Ta ga kanta da farar riga, sunan nan a manne a ƙirjinta, tana miƙa wa matan Duza magani da shi. Ta ga ubanta a tashar Gummi, wanda ya yi ta facin taya har ta gama makaranta, ana karanta masa a jarida cewa 'yarsa ta ajiye sunansa. Ta kuma ga fankar ofishin Anka tana juyawa. A ce ba ta so, ba ta da wannan ƙarfin halin a gaban mijinta da ubansa. A ce tana so, harshe ya ƙi.

"Malama, muna jira," in ji Lirwanu.

A nan dabara ta faɗo mata. Ta ja mayafi ta rufe fuska, ta sunkuyar da kai, ta ce da 'yar murya, "Malam, ba na iyawa. Sunan Baba ne. Ga shi zaune."

Kowa ya san 'yar mutunci ba ta kama sunan surukinta, ko a bayan idonsa, balle a gabansa. Abdussamad ya sha Abuja har ya manta da wannan. Shi dai ya san matarsa, ya san idan su biyu ne "Abdul" take ƙwala masa daga kicin, kuma ba ta taɓa shaƙewa ba.

"Ke, wace irin kunya ce yau? Faɗi mu tafi!"

"Kai, rufa mini baki!" Alhaji Dabo ya buga carbi a teburi. "Ashe abin da ka kira ni in gani ke nan? Ka tsai da matarka gaban jama'a ta kira sunana kamar mai tallan goro? Ni na ɗauka rubutawa za a yi."

"To a rubuta mana, Baba. Malam Lirwanu, ta sa hannu kawai."

Lirwanu ya dafe hatiminsa. "Rantsuwa da baki ake yin ta. Abin da baki bai faɗa ba, hatimina ba ya hawa kansa."

"Kuma ko ta faɗa yau, gobe fa?" in ji Alhaji. "Duk wanda ya ce mi ne sunanki, sai ta kama sunana? Asibiti, kasuwa, gidan biki? Boko ya lalata ka, Abdussamad. Wagga yarinya ta fi ka tarbiyya. Allah shi yi miki albarka, ɗiyata. Mai faci ya iya reno."

Nusaiba ta ƙara nutsewa cikin mayafi. Ta ce amin a hankali.

"Aiki kuwa," Alhaji ya miƙe yana gyara riga, "ba kujerar Anka ba ce? Ni zan tafi da ƙafata in yi magana. Wanda ya ce bai san Yakubu ba, ya san ni. Tashi, ki shiga motata, wanga ya biyo mu da takardarsa."

Ga sunan ubanta a hannu, ga kujera, ga albarka a sama, ba ta ce wa kowa a'a ba. Ta ce, "Na gode, Baba," kuma wannan bai maƙale mata ba.

A baranda Habsu tana nan inda suka bar ta. Ta bari Alhaji ya wuce, ba ta gaishe shi ba, sannan ta kamo gefen mayafin Nusaiba.

"To, wa za mu kira ki yanzu?"

"Ɗiyar Yakubu, Inna. Kamar da."

Fuskar Habsu ta washe. "Kin ƙi? Gabanai kika ce ba ki so?"

"Kunya na ji, na kasa faɗa."

Habsu ta dube ta, ta dubi baƙar motar da direba ya buɗe wa ƙofa yana jira. Ta saki mayafin.

"Kunyar wa? Ta Alhaji ko tamu?"

Direba ya danna ham. Nusaiba ta sauka daga baranda da sunan ubanta, ta shiga motar Alhaji Dabo, ta ɗaga gilashi saboda ƙura.