Kwalbar da Goggo Ta Kawo

Goggo ce ta kawo wa Auta man ƙara hasken fata, a cikin wata kwalba marar suna.

Ƙuraje ne suka feso wa yarinyar, suka mutu, suka bar tabo baƙi-baƙi a kumatu. Ubanta, tsohon mai fenti, bai ga abin tashin hankali ba. Amma mai shagon wayoyin da take wa aiki ya ce fuska ke sayar da kaya. Ya ɗauke ta daga gaban shago, ya mayar da ita ɗakin ajiya.

"Ɗan ɗigawa za ki yi a kan tabon kawai," in ji Goggo. "Kai kuma Yaya, daina hararata, ba bangonka za mu shafe ba."

Tabon ya yi haske har ya fi fuskar. Mai haɗa man ta ce a shafe fuskar duka ta daidaita. Fuska ta tsere wa wuya, aka bi wuya. Daga nan sai hannuwa. Gaɓoɓin yatsu suka ƙi, suka tsaya baƙi ƙirin. Mai shago kuwa ya dawo da ita gaba, har da yabo.

Uban yana kallo. Jijiyoyi kore-kore sun bayyana a goshinta. In ta shiga rana kaɗan sai fuskar ta yi ja kamar an watsa mata ruwan zafi. Rannan gefen kwali ya karce ta a kumatu, ɗan karcen da bai kai a kula ba. Karcen ya buɗe baki, ya ƙi rufewa.

* * *

Likitar fata ta daɗe tana duba ciwon. Uban ya rasa inda zai ajiye hannuwansa.

"Baba, fatar ta zama kamar ɓawon albasa. Dole a janye man. Zan ba ta magani da man kariya daga rana. Amma ku sani, za ta yi duhu fiye da da, ƙurajen ma za su dawo, kafin ta daidaita."

"Har yaushe?" in ji Auta.

"Wata da watanni. Sai haƙuri."

A hanyar gida Auta ta riƙa bin inuwar katanga, gyale ya rufe rabin fuska.

* * *

Uban ya tsaya a ƙofar ɗakinta ya miƙa hannu. Tana zaune gaban madubi, kwalbar na cinyarta.

"Miƙo."

"Baba, in na yi baƙi wannan karon ba ɗakin ajiya ba ne. Kora ce."

"Ya kore ki. Shago da yawa, fuska ɗaya gare ki."

Ba ta waiwayo ba. Ta buɗe murfin, warin man ya cika ɗakin. Ta lakato da ɗan yatsa, ta shiga shafawa a hankali, tana zagaye bakin ciwon.

"Auta."

"Ba zan bayar ba, Baba."