Ruwan da Inna Ba Ta Zuba Ba

Hoton ƙofar ne ya ja ta. A bakin otal ɗin da ta sauka a Durres, garin bakin teku, an kafa allon talla: yini guda a Berat, mota ta kai ka ta dawo da kai, ga ɗan jagora mai jin Italiyanci, ga shan kofi a "gidan gargajiya". Zamira ta dubi gidan gargajiyar nan, ta matsa kusa ta sake dubawa. Ƙofar katako ce mai hannun ƙarfe na ƙwanƙwasawa, ƙaramin yatsan hannun a gutsure. Ita ta gutsure shi da dutse tana 'yar firamare, ta kuma sha dukan da har yau ba ta manta ba. Gidansu ne.

Shekara talatin da ɗoriya rabonta da wannan ƙofa. Ranar da ta tafi, ta fito ne kamar za ta masaƙa aiki, da burodinta da cuku a jaka, sai ta ji an ce jiragen ruwa na kwasar mutane zuwa Italiya, ta bi ayari ba ta waiwaya ba. Daga baya Inna ta kwanta ciwo, ita kuwa ba takardun da za ta fita ta koma. Da aka yi rasuwar, yayarta Lumturi ta ce mata ta waya, "Wanda bai zo wa rai ba, me zai zo yi wa kabari? Yi zamanki." Tana faɗa ta ajiye wayar. Tun daga nan shiru. Takardu sun zo daga baya, amma ƙarfin halin bai zo tare da su ba.

Shi ya sa ta sayi tikiti. A garinsu 'yar gida ba ta faɗowa gida haka kawai bayan irin wannan shiru: sai ta aika, sai a ce ta zo, ko a ce kada ta zo. Wannan "kada" ɗin ne Zamira ba za ta iya ji sau biyu ba. Mai yawon buɗe ido kuwa ba ya neman izinin kowa. Ya shiga, ya kalla, ya fita. Ta sa baƙin tabarau da faffaɗar hula, ta ja maƙwabciyarta ta birnin Bari na Italiya, Assunta, mace mai jiki da baki, wadda ta san komai na labarin ta kuma yi rantsuwa za ta kama bakinta.

Ɗan jagorar sunansa Gentian, yana tafe da jar lema a ɗage ko da ba ruwa ba rana, Italiyawa na bin sa kamar 'yan tsaki. Tun daga gada ya fara karatunsa.

"Ku ɗaga kai, jama'a! Garin tagogi dubu ke nan. Wanda ya ƙirga ya samu ba su cika ba, ya zo in mayar masa da kuɗinsa, amma sai ya nemo ni tukun!"

Aka yi dariya, aka ɗaga wayoyi. Zamira ma ta ɗaga kai, sai dai ita taga ɗaya take nema cikin dubun, ta kuma same ta ba wahala, can sama a unguwar Mangalem, kusa da itacen ɓaure. Labulen ya canja. Ta yi kewar garin nan har ta saba da kewar, kamar yadda mutum ke sabawa da ciwon gwiwa, amma ba ta san cewa warin kogin Osum kaɗai zai iya sa ta kuka ba.

Suka hau tudu zuwa tsohuwar ganuwar garin. Duwatsun hanyar nan sun sha ƙafa har sun yi santsi, baƙi kuwa ta tsakiya suke bi suna zamewa suna kiran waliyyansu. Assunta ta tsaya tana haki, ta dafe bango.

"Zamira, mutanenku awaki ne? Wa ya ce su gina gari a tsaye?"

"Rufe bakinki ki bi gefe, inda ciyawa ta fito," in ji Zamira ƙasa-ƙasa.

Gentian ya juyo ya dube ta. "Baiwar Allah, kin taɓa zuwa ne? Tafiyarki ta 'yan gari ce."

"A'a," ta ce da Italiyanci. "Takalmin ne mai kyau."

A sama ya nuna musu coci-coci da rijiyar dā da dutsen Tomor, ya zuba shekaru da sunayen sarakuna, rabi daidai rabi ƙari. Zamira ba ta ji ko ɗaya ba. Tana kallon katangar da suke zama ita da Lumturi suna cin ɓaure, Lumturi na ɓare mata don ita ba ta son ƙaiƙayin bawon. Wannan ba ya cikin karatun Gentian.

Bayan azahar suka gangaro Mangalem, lungu ya ƙara ƙunci, sai ga ƙofar. Gentian ya kama hannun ƙarfen ya buga.

"Inna Lumturi! Na kawo miki yunwa da ƙishirwa daga Italiya!"

"Kai dai ba ka taɓa kawo abin kirki ba," aka amsa daga ciki. "Ka ce su cire takalma, jiya wani ƙato ya taka min shimfiɗa da taɓo."

Ƙofar ta buɗe. Zamira ta yi zaton za ta ga yayarta, sai ta ga Inna: farin gashi, baƙar riga, hannu ɗaya a ƙugu. Ashe Lumturi ta tsufa. Ba wanda ya gaya mata, ita kuma a ranta ta bar ta tana 'yar shekara talatin. Lumturi ta bi baƙin da kallo ɗaya bayan ɗaya tana yi musu maraba, idonta ya wuce ta kan tabarau da hula bai tsaya ba.

Aka tube takalma a tsakar gida, kowa ya watsar da nasa a bakin matakala. Zamira kuwa, hankalinta na can wani wuri, ta sunkuya ta tura nata cikin ɗan ramin bangon da ke bayan tulu, inda ba a gani sai an sani. Sai da ta miƙe ta gane abin da ta yi. Ta waiga. Lumturi ta riga ta juya baya tana hawa.

A babban ɗakin sama aka zaunar da su a kan dogon benci mai matasai, ƙarƙashin tagogin. Gentian na bayanin rufin katako. Zamira na kallon inda gadon Inna yake a dā. Yanzu tebur ne da 'yan tsana na sayarwa.

Lumturi ta shigo da tire: ƙananan faranti, kowanne da ɓaure guda da aka dafa cikin sukari, da cokali, da kofin ruwan sanyi. Gliko ke nan, abin da ake fara miƙa wa baƙo kafin a tambaye shi sunansa. Ta fara daga dama, tana miƙawa tana cewa, "Barka da zuwa." Ta ba tsohon da ke kusa da ƙofa, ta ba matarsa, ta ba Assunta. Ta iso gaban Zamira. Zamira ta ɗago hannu.

Tiren ya wuce.

Ya wuce zuwa ga na gaba, da na gabansa, har ya ƙare. Zamira ta mayar da hannunta cinya. To, an gane ta, an kuma ba ta amsa. A garin nan ko maƙiyin ubanka ya shigo ɗakinka sai ka ba shi gliko, ita kuwa ko wannan ba ta kai ba. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ta fara lissafin yadda za ta tashi ta fita ba tare da ta fashe da kuka a gaban mutane ba.

Assunta dai rantsuwa ba ta hana ta magana. "Kai mai lema! Gaya wa matar nan ta tsallake mutum ɗaya. Haka ake yi?"

Gentian ya rage murya. "Inna Lumturi, kin manta waccan mai hular."

"Ban manta kowa ba," in ji Lumturi, ba ta ko rage tata muryar ba. "Gliko na baƙi ne. Wadda ta san ramin takalma ta san inda kwalbarsa take." Sannan ta juyo, ta dubi Zamira ido cikin ido. "Ke kuma kin wani zauna kin miƙo hannu, yayarki na yawo da tire. Haka ake yi a Italiyar? Cire wannan abin daga fuskarki ki tashi ki ɗora kofi, mutane na jira."

Lemar Gentian ta faɗi ƙasa. Zamira ta miƙe, ba ta san lokacin da ta miƙe ba.

Kicin ɗin bai canja ba, sai firiji. Hannunta ya tafi kai tsaye ga kanta ta biyu, ya sauko da 'yar tukunyar kofi mai dogon mariƙi. Lumturi ta shigo ta dangwarar da tire, ta tsaya a bayanta.

"Kin yi ƙiba."

"Ke kuma kin zama Inna sak."

"Wa kike so in zama? Ni aka bar wa ita. Da tikiti kika shigo gidan ubanki, Zamira. Da tikiti! Da kin mutu da kunya ai ya fi."

"Yaya, ke kika ce in yi zamana."

"Na ce! Ranar na dawo daga maƙabarta, ƙasa ba ta bar takalmina ba, me kike so in ce? Ke ba ki san a sake bugowa ba? Kullum wayar nan ta yi ƙara sai na..." Ta katse, ta fizge cokali daga hannun ƙanwarta. "Sukarin ya yi yawa. Matsa."

Ba ta matsa ba. Suka tsaya kafaɗa da kafaɗa a kan wuta ɗaya, suna kallon kumfa na tasowa, kowacce na share ido da bayan hannu tana ɗora laifi a kan hayaƙin da ma babu shi.

"Inna ta yi fushi da ni?" Zamira ta tambaya daga ƙarshe. Tambayar da ta ɗauko tun daga Bari ke nan.

"Fushi? Ina ma fushi ne, da ya wuce. Abu ɗaya ta riƙe har ta koma ga Allah: wai kin fita ba ta zuba miki ruwa ba. 'Yarinyar nan ta tafi da busasshiyar ƙafa, Lumturi, yaya za a yi hanya ta dawo da ita?' Safe da yamma. Har na gaji na ce, Inna, teku guda ta tsallaka, ruwa bai ishe ta ba?"

Zamira ta yi dariya, dariyar ta juye kuka. Lumturi ta bar ta ta yi, sannan ta ɗora mata tiren kofi a hannu. Zamira ce ta raba wa Italiyawan, Assunta na karɓa tana fyace hanci.

Mota ba ta jiran zumunci. Gentian ya duba agogo ya sake dubawa, ya ce direba zai cinye shi ɗanye. Jakar Zamira da maganinta na hawan jini duk suna Durres, dole ta bi su. Ta ciro takalminta daga bayan tulu. Lumturi ba ta rungume ta ba, ba ta ma rako su ƙofa ba, ta shige ciki abinta. Zamira ta fito lungu a ƙarshen layi, tana jan ƙafa, tana jin kamar an ba ta abu an karɓe.

Ba ta yi nisa ba ta ji ƙarar ƙofa, sai kuma sanyi a dugaduganta. Ruwa ne ya biyo ta a kan duwatsu, ya jiƙa mata takalmi, ya wuce ta yana gangarawa. Ta juya. Lumturi na tsaye a bakin ƙofa da tsohuwar butar tagullar Inna, ta kife ta har ɗigon ƙarshe.

"Wannan nata ne, na sauke mata," in ji Lumturi. "Gobe ki zo ba lema ba hula. Kuma ta ƙofar baya, kin ji ko? Ta gaba ta baƙi ce."