Gasar Ƙanzo

Jidda ba ta taɓa roƙon kowa ya zo kallon wasanta ba. Shekara huɗu tana buga wa jami'arsu ƙwallon kwando a Washington, da ɗankwalinta da dogon wandonta. Ta yi targaɗe ta warke, ta ɗumama benci shekara guda ba ta ce uffan ba. Amma bana za ta gama karatu, kuma mahaifinta Mahamadou, direban tasi a Hyattsville, ko sau ɗaya bai ga ta jefa ƙwallo ba. Kullum akwai fasinja.

Da watan Maris ya kama, babbar gasar jami'o'i ta zaɓi nata, ta bar su. Sai ƙaramar gasa, wadda ke gayyatar waɗanda aka bari, ta kira su. Wanda ya faɗi sau ɗaya ya fita. Wasan ya faɗo ranar Asabar da la'asar, cikin azumi.

"Ba ni zuwa," in ji Baba, yana wanke tasinsa a gaban gida. "An raba tuwo an hana ku, yanzu an kira ku cin ƙanzo. Ɗiyata ba ta cin ƙanzo."

"Baba, ni ce zan buga."

"Mi zan ce wa abokina Nassirou? Na riga na shaida wa duk direbobi za a nuna ki a babbar."

"Wa ya aike ka?"

Ya juyo da soso a hannu. Ta sunkuyar da kai, ta ba da haƙuri, ranta na tafasa. Tarihi take karantawa, don haka abin da ya zo bakinta shi ta faɗa.

"Wannan da kake rainawa ta girmi babbar. Tun ba a yi tunanin shirya wa mata babbar gasa ba, ita ke tara su. Daga baya waccan ta zo da talabijin, kowa ya koma can, aka bar ta. Ta mutu, ta farfaɗo, har yau tana nan."

Baba ya ajiye soso. "Tsaya. Wannan ce yaya?"

"Ita ce."

"Ƙanwa ta samu duniya, sai aka watsar da yayar?" Ya girgiza kai. "Rashin tarbiyya ke nan. Mu ba a raina babba don ya tsiyace."

Jidda ta yi shekaru tana kawo masa hujja kan hujja, ashe wannan yake jira. Haushi ya hana ta murna.

Ranar Asabar ta hango su tun tana ɗumama jiki: Baba da Nassirou da direbobi sahu guda, cikin manyan riguna kamar za su ɗaurin aure. Kafin a fara, Baba ya sauko zai gaida kocin su Jidda, wai ba a shiga gidan mutum ba sallama. Da ƙyar mai gadi ya mayar da shi.

Aka fara. Maƙogwaronta ya bushe tun kafin hutun rabin lokaci, ƙafafunta suka yi nauyi, ta ƙi ɗaga hannu a canja ta. Abokan karawa suka ci, sai ta ji tafi daga sahun Baba. Suka sake ci, aka sake tafi.

"Baba!" ta yi ihu da ta zo kusa. "Ba namu ba ne!"

"Baƙi ne, daga nesa suka zo!"

Ta cije leɓe. Ta ƙwace ƙwallo a tsakiyar fili, ta kutsa, aka bangaje ta ta faɗi, ƙwallon ta shiga. Tana kwance ta ji muryarsa ta rufe ta kowa: "Ɗiyata ce! Nassirou, ka gani? Ɗiyata ce!"

Duk da haka an cinye su.

A waje rana ta kusa faɗuwa. Baba ya buɗe bayan tasi, ya fito da dabino da kunu a fulas, yana ta yi wa direbobi bayani cewa wannan gasar ita ce uwa ma ba yaya ba.

"Baɗi zan zo tun wasan farko," ya ce mata.

"Babu baɗi, Baba. Na gama."

Ya kalli gwiwarta da ta ƙuje. Sannan ya zaɓi dabino mafi laushi ya sa mata a hannu.

"To, na dai gani," ya ce. "Amma wadda ta ture ki ɗin nan, ɗiyar wa ce?"