Yaɓe Ashirin da Bakwai

Ni magini ne, kuma ban taɓa jin tsoron bango ba sai ranar da Mudi ya rasu. Sunana Sanda. Rabin zaurukan Dayi ni na ɗora musu azara, ga ni da saurin fushi, ba na son a koya mini aikina. Shi ya sa da Maitama ɗan Mudi ya same ni da hantsi ina kwaɓa ƙasa, ya ce in ɗauko dagi in zo in fasa ƙofar da na gina da hannuna, sai da na daka masa tsawa kafin na lura idanunsa sun yi jajir.

"Baba Sanda, tsohon ya cika tun da asuba," in ji shi. "An yi mishi wanka, an sa mishi likkafani. Amma ya ƙi fita."

"Ya ƙi fita kamar yaya? Akuya ce?"

Tun kafin in rufe baki na ji kunyar abin da na faɗa. Na wanke hannu, na ɗauki dagi na bi shi.

Labarin ƙofar nan ya girmi gemun Maitama. Shekara ashirin da bakwai kafin wannan rana mahara suka sauko daga arewa suka cinna wa unguwarmu wuta. Mudi ya tsira da matarsa Kulu da jariri a bayanta, Maitama ke nan, amma gida ya koma toka. A lokacin akwai wani bafatake a Musawa mai suna Aƙilu, mutum mai sanyin murya, wanda bai taɓa ɗaga wa kowa harshe ba. Shi ya ba Mudi rancen keso biyu, wato kuɗin wuri zambar arba'in, aka sayi azara, aka biya masu tubali, na tayar masa da ɗakuna uku da zaure.

Ga sharaɗin. Gidan ya zama jingina a hannun Aƙilu har ranar da za a mayar masa da keso biyunsa a dunƙule, ba a gutsuttsure ba. Tunda kuwa gidan yana hannunsa, zaman da Mudi yake yi a ciki haya ce: dami goma sha biyu na dawa duk kaka. Aƙilu ya ce wannan ba riba ba ce, Allah ya tsare shi da cin riba. Mu da muke shaidu muka yi ta gyaɗa kai kamar ƙadangaru.

Daga Mudi har Aƙilu babu mai rubutu, don haka Aƙilu ya kawo dabararsa. Duk kaka in an kai masa dawarsa, sai in yi sabon yaɓe a gefe biyu na ƙofar zaure. Tun ƙasar tana ɗanya Mudi ya danna yatsa sau goma sha biyu a dama, Aƙilu ya danna sau goma sha biyu a hagu. Baɗi in rufe na bara da sabon yaɓe, a sake dannawa. Aƙilu ya ce rufin asiri ne, kada baƙo ya tsaya a ƙofar mutum yana ƙirga masa shekarun bashi. Na tuna Mudi har da ƙwalla don godiya.

Ƙofar nan da na gina ta, jaki da mangala yana wucewa bai goga ba. To, kaurin yatsa a dama, kaurin yatsa a hagu, duk shekara. Aka fara sauke wa jaki kaya a waje. Daga baya jakin ma ya daina shiga, ko an doke shi sai ya turje. A ƙarshe Mudi a karkace yake shiga gidansa, mutane suna yi masa tsiya wai rowa ce ta sa ya tsuke ƙofa don kada baƙi su shigo cin tuwo. Sau ɗaya na ce a kankare tsohon yaɓe, Aƙilu ya ce wanda ya kankare ya share shaida. Na ci gaba da yaɓena. Ba bashina ba ne, kuma ana biyana ladan aikina.

Akwai abin da ban gaya wa kowa ba. Yaɓen ƙofar nan ba ya bushewa kamar na sauran gidaje. Ko a tsakiyar bazara, in ka ɗora tafin hannu za ka ji sanyi da danshi. Gara tana cin ko'ina a gidan, ban da nan. Wata rana da tsakar rana Mudi ya ja ni gefe ya ce in dawa ta fara nuna yakan ji ana ƙwanƙwasa bangon daga ciki, a hankali, sau goma sha biyu, sai a yi shiru. Na ce masa ɓera ne. Ya ce, "Ɓera ya iya ƙirga, Sanda?" Na yi dariya na wuce, amma daga ranar ban ƙara yin yaɓen nan ni kaɗai ba.

Da muka isa, ƙofar gidan ta cika da maza. Makara ba ta wuce ba, wannan ban yi mamaki ba. Sai suka bar ta a waje, suka naɗe Mudi a tabarma don su zaro shi. Mudi ya rame kafin ya rasu, ya koma kamar karan dawa. Na auna ƙofar da taƙina, na dubi tabarmar, na ce ai wannan zai wuce har da saura. Suka gwada a gabana. Kai ya fito, kafaɗu suka tsaya cak. Suka karkata shi yadda ya saba shiga, ya ƙi. Ban ga inda ya maƙale ba, don na zura hannuna tsakanin tabarma da bango ya shige. Na janye hannuna.

Wani ya ce a ɗaga shi ta kan katanga, rana tana yi. Sai muryar Kulu ta fito daga bayan zanar da ta raba zaure da cikin gida.

"Ba ɓarawo ba ne. Ta ƙofa ya shigo gidan nan, ta ƙofa za shi fita."

Aka mayar da shi ciki, aka kwantar kusa da damin bana, goma sha biyu, da ya riga ya jera kafin ciwo ya kayar da shi. Na yi bisimilla na kafa dagi a dama.

Na zaci ƙasar za ta rugurguje. Ina! Sai ta ɓaro falle guda kamar ɓawon albasa, da ramukanta goma sha biyu ba ko ɗaya da ya lalace. A bayanta ga wasu goma sha biyu suna kallona. Na miƙa wa Maitama, ya shimfiɗa a ƙasa cikin rana. Na ɓaro na biyu, na uku. Kowane falle yana da sanyi kamar yanzu aka ɗebo shi daga rafi.

Ina ɓarowa ina ganin Mudi yana komawa saurayi. Ramukan sama ba su da zurfi, a karkace suke, na yatsan da ke rawa. Ina shiga ciki suna miƙewa, suna ƙara zurfi. Akwai shekarar fari, na gane ta, don yatsan ya ja ƙasar ƙasa kamar ba ya son ɗagowa. Falle na ƙarshe, na shekarar farko, yatsan ya nutse har gaɓa ta biyu, na mutumin da ke murna ya sami gida. A nan na tsaya na share fuska, na ce ƙasa ce ta faɗa mini a ido.

Sai na koma hagu, gefen Aƙilu. Wallahi daga na farko har na ashirin da bakwai zurfinsu ɗaya, girmansu ɗaya, kamar rana guda aka danna su. Mutanen da suka matso suna leƙe suka fara ja da baya.

Ƙofa ta koma yadda na gina ta. Aka shigar da makara, aka fito da Mudi ba tare da ya taɓa komai ba. Ana ajiye shi sai ga jaki ya ɓullo ta hanyar Musawa. Aƙilu ne. Ba wanda ya aika masa, kuma tafiyar ba ta hantsi ɗaya ba ce. Ya ce ai yau ce ranar karɓa. Ya tsufa, gemu fari fat, amma da ya sauko na dubi hannunsa, sumul, ba tamoji ko ɗaya. Yana riƙe da ƙwarya cike da kwaɓaɓɓiyar ƙasa. Bai taɓa zuwa da tasa ƙasar ba sai ranar.

Ya yi ta'aziyya yadda ya kamata. Liman ya gyara tsayuwa ya yi tambayar da ake yi kafin a sallaci kowa: akwai mai bin mamacin bashi?

"Keso biyu," in ji Aƙilu a hankali. "Uwar kuɗin tana nan, ba a taɓa ta ba. Ban matsa ba, Allah gafarta malam. In ɗanshi ya ɗauka, ya danna yatsa, mu ci gaba yadda muke."

Kowa ya san abin da ɗa yake cewa a wannan wuri. Ba mai son a binne ubansa da bashi a wuya. Maitama ya matso, ya miƙa hannu wajen ƙwaryar, ya buɗe baki.

"Kai, tsaya!" Ban san lokacin da na daka tsawar ba. "Ka dubi ƙasa tukuna. Ƙirga!"

Ba a taɓa ganin shekarun nan a jere ba, don ni nake binne kowace da hannuna. Yanzu ga su kwance a rana, falle ashirin da bakwai. Liman ya tsuguna da carbinsa yana ja, mutane suna binsa da baki. Dami ɗari uku da ashirin da huɗu. Ya tambayi masu kai hatsi kasuwa, suka ce in an haɗa shekarar tsada da ta araha, dami ashirin keso guda ne. Ya sake jan carbi, ya ɗago.

"Keso goma sha shida," ya ce. "Gida takwas ke nan."

Ni kam fushi ya kama ni, na rasa wanda zan zaga. Dawar shekara huɗu, da an tara ta, ta fanshi gidan.

"Na ɓoye wani abu?" in ji Aƙilu, muryarsa ba ta canza ba. "A gabanku aka danna kowane. Wa ya taɓa ce mini a haɗa?"

Abin haushin, gaskiya ya faɗa.

Maitama ya janye hannunsa. Ya shiga zaure ya durƙusa a bakin zana, muna jin ƙus-ƙus ɗinsu da uwarsa. A ɗakin nan Kulu ta haifi 'ya'ya biyar ta binne uku, ita ta dasa lallen da ke tsakar gidan. Ba su daɗe ba ya fito.

"Gidan jinginarka ne," ya ce wa Aƙilu. "Riƙe abinka, mun bar maka. Inna za ta koma Dandume wurin kawuna. Amma ka faɗa a gaban liman, babana ba ya da nauyinka."

A karo na farko na ga fuskar Aƙilu ta motsa. "Me zan yi da gida? Ku zauna abinku, ɗana. Ko goma ka riƙa kawowa. Ko takwas."

"Ka faɗa."

Liman ya ce jingina ta tsaya a madadin bashi, in mai ita ya sallama. Aƙilu ya dubi ƙwaryar hannunsa ya daɗe. Sannan ya ce, "Na karɓa," ya kife ta a ƙasa. Na dubi fallayen nan, sun bushe sun fara tsattsagewa.

Aka yi salla, aka ɗaga makara. Zan bi sahu ke nan sai Kulu ta kira sunana daga bayan zana. Na matsa, ina zaton godiya za ta yi.

"Sanda, nawa ne ladan yaɓenka?"

"Dami da rabi," na ce.

"Na sani. Ni nake ɗaure rabin da hannuna, duk shekara." Sannan ta ce, "Je ka, kada su bar ka."

Ban gane ba sai a hanyar maƙabarta. Ina tafe ina lanƙwasa yatsu. Dami da rabi sau ashirin da bakwai, arba'in da ɗoriya. Keso biyu ke nan. Abin da na kwasa a gidan nan don in rufe wa Mudi ido, shi kaɗai ya isa ya fanshi gidan. Na karɓi makara a kafaɗa, ba ta da nauyi ko kaɗan.

Aƙilu ya aiko sau biyu in zo in gyara masa ƙofa, na kori ɗan aiken. Ba wanda ya yarda ya zauna a gidan, damina uku ta kwantar da shi. Na kai wa Kulu dawa Dandume, ta karɓa ta yi godiya, ta sa aka raba wa maƙwabta a gabana.

Ƙofar gidana na auna ta ba sau ɗaya ba, taƙinta yana nan yadda na gina ta. Amma tun daga ranar a karkace nake shiga.