Gonar Naja'atu ta Biyu

Ranar Alhamis Naja'atu ta rasu, ranar kasuwar Batsari, da hantsi, tana tsaka da matsar man gyaɗa. Ba 'yan bindiga ba ne. Wannan sai da mijinta Malam Sammani ya yi ta maimaita wa masu zuwa gaisuwa, domin a yankin nan ita ce tambayar farko, kuma in ka ce hawan jini ne sai ka ga fuskar mutum ta ɗan saki, kamar an yi maka rangwame. Kafin la'asar an kai ta makwancinta. Ya dawo ya tarar da tunkuzar da ta bari a kwano da shatin yatsunta a jiki, ga wayarta a kan taga tana caji.

Malam Sammani ya ƙarar da ƙarfinsa yana koyar da Turanci a makarantun ƙauye, ya yi ritaya da akwatin littattafai da harshe mai kaifi. Allah bai ba su haihuwa ba. Abin da suke da shi gona ce a bayan Ruma, wadda ta gada wajen mahaifinta. Ita ke tsayawa kan 'yan ƙodago, ita ta san inda gyaɗa ke so da inda ruwa ke kwanciya. Shi nasa bai wuce ya shimfiɗa buzu a gindin tsamiya ya buɗe littafi ba. Shekarar da aka kore shanun garin aka ƙone rumbuna, kowa ya kama gabansa. Su biyu suka kama haya a Batsari, mahaifiyarta da 'yan uwanta suka nufi Safana. Gonar tana nan inda take, sai dai wanda ya je duba ta ba lallai ya dawo ya ba da labari ba.

A gidan hayar nan ne ƙanwarta Hussaina, ma'aikaciyar asibiti a Safana, ta sa mata gem ɗin noma a waya. Da yatsa ake huɗa, da yatsa ake shuka, a yi ban ruwa, a jira, a girbe. Matar da ta yi shekara tana zaune kamar an zare mata laka, sai ga ta tana gama suyar ƙuli tana wanke hannu da sauri wai amfaninta ya nuna.

"Malam, zo ka ga gonata."

"Manomiyar gilashi," in ji shi, ko kansa bai ɗaga daga littafi ba. "In kin yi girbi ki auno mana tiya biyu, garin tuwo ya ƙare."

Wata rana ta sake kira, ya ce, "Naja'atu, mutanen da suka ƙera abin nan ko hauya ba su taɓa riƙewa ba."

"Kai ma ai ba ka taɓa ba," ta ce, ta yi dariyarta.

Da ya gano cewa duk wata ana cirar kuɗin tiyar gero daga asusunta, wai hayar ƙarin fili a cikin gem ɗin, sai da ya rufe littafin. Ya ce ɓarayin daji sun karɓe ta gaskiya ba ko sisi, ɓarayin birni sun ba ta ta ƙarya haya, ita kuwa duk ta yi musu sannu da zuwa. Ta ce kuɗin ƙulinta ne. Ta ƙara da cewa, "Da dai za ka duba sau ɗaya." Bai duba ba. Mutum ne da ke ganin in ya riga ya yi wa abu ba'a, dubansa kuma faɗuwa ce.

Washegarin sadakar uku, yana zaune shi kaɗai a tsakar gida, wayar ta yi kukan saniya. Ya ɗauka. Saƙo ne da Turanci mai fara'a: amfanin gonarki ya nuna, muna kewarki, yaushe za ki dawo? Ya karanta har ƙarshe, ɗabi'ar malami. Daga nan ya ɗora babban yatsansa a kan ɗan hoton gem ɗin, ya danne har hoton ya kama kyarma, ya goge shi. Ya gaya wa kansa cewa shari'a ya bi: daga lokacin da rai ya fita, ko ƙwandala ce ta zama ta magada, bai halatta a bar ta tana zurarewa ba. Hujjar daidai take. Amma ba ita ta danna yatsan ba.

Bayan 'yan kwanaki aka kwashi kayanta zuwa Safana, ɗakin mahaifiyarta, a jira rabon gado: atamfofi, kwanuka, injin niƙan gyaɗa, da wayar. Katin bankinta ne kawai aka manta, yana cikin wani littafinsa inda take ajiye shi, don ta ce nan ne ɓarawo ba zai taɓa buɗewa ba.

Da wata ya kama sai ga kiran yayanta Barau, mai awon hatsi a kasuwar Safana. Ya yi gaisuwa doguwa, ya tambayi haƙuri, ya tambayi ruwa, sa'an nan ya sauko.

"Malam, wani abin al'ajabi muka gani. Alat ya shigo wayar marigayiya. Kuɗi sun fita."

"Sun fita zuwa ina?"

"Shi muke tambaya. Mu dai mun san wanda ke kabari ba shi zuwa banki. Kuma an ce katin yana wajenka."

Malam Sammani ya mayar da wayar ɗaya kunnen. Shekarunsa na aiki ko allin gwamnati bai taɓa kai wa gida ba, yau ga mai tiyar da aka bubbuge wa gindi yana auna shi. Ya ce, "Gobe ina tafe."

Ya shiga motar Safana da safe, aka cusa su kamar buhunan gawayi. A kowane shingen jami'an tsaro sai an tsaya an leƙa fuskokinsu, a tabbatar talakawa ne, a bar su su wuce. Yana tafe yana tufka da warwara. Shi dai ya goge gem ɗin da hannunsa. To me ke cin kuɗin?

A tsakar gidan ya durƙusa ya gaida surukarsa, wadda ta amsa daga bayan labule da muryar da kuka ya cinye. Barau na zaune kan benci ya harɗe ƙafa. Malam Sammani ya ciro katin ya ajiye a kan tabarma, nesa da kansa, kamar mushen ɓera. Hussaina ta fito da kayan aikinta a jiki, wayar yayarta a hannu. Tsakaninta da shi wasa ne tun tana yarinya, kuma ko rasuwa ba ta kashe wasan duka ba.

"Malam, ina gem ɗin Yaya? Na duba ban gan shi ba."

"Na goge."

"Ka goge. To ka soke biyan watan?"

"In babu abin, me za a biya wa?"

"Kai da ka yi haya a Batsari kake wannan tambaya? In ka kulle ɗaki ka yi tafiya, mai gida yafe maka yake yi?"

Barau ya sauke ƙafa. "Wai mi kuke faɗi? Wasan yara ne shika cin kuɗin?"

"Ba na yara ba ne, Yaya, na Yaya Naja ne. Ni na sa mata, ni na haɗa shi da asusunta. Malam bai ci muku ko sisi ba. Ya dai kashe maciji bai sare kai ba."

Barau ya yi gyaran murya, ya ce shi dama bai zargi kowa ba, tambaya ce kawai, kuma haƙƙin magada abin tsoro ne. A tsaida abin yau, kafin a kira malamin da zai yi rabo. Malam Sammani ya ce haka ne. Ya miƙa hannu a ba shi wayar.

Hussaina ba ta ba shi ba. Tata ta ciro daga aljihu. "Tsaya tukuna. Ni maƙwabciyarta ce a ciki, ina iya shiga gonarta daga nan. Tun da ta rasu ni ke yi mata ban ruwa. Ka goge ƙofa ne kawai, gonar tana nan. Ka taɓa ganinta?"

Ta ɗora masa wayar a tafin hannu.

Da farko launuka kawai ya gani, kore sharr irin wanda babu shi a ƙasar Katsina ko a tsakiyar Agusta. Can sai idonsa ya fara gane hanya. Ga 'yar turba ta shigo daga gabas ta karkace, yadda ta Ruma ke karkacewa don kauce wa gidan tururuwa. Babu gero a gem ɗin Turawa, sai ta shuka alkama a inda geron yake, dogayen kunyoyi har iyaka. Inda ruwa ke kwanciya ta haƙa ɗan tafki. A kusurwar da take gyaɗa ta sa wani abu mai jan kai da bai san sunansa ba. Shanu biyu dabbare-dabbare a inda turken nasu yake. Ba ta bar komai ba, har kangon rumbun da ya rushe tun zamanin mahaifinta ta sa tarin duwatsu a madadinsa.

A tsakiya akwai itace guda babba. A gindinsa an kafa mutum-mutumi mai hular kaba, ya baje hannuwa.

"Wannan fa? Ai ba a kafa shi a inuwa. Wane tsuntsu zai kora a nan?"

Hussaina ta yi dariya, dariyar ta karye a tsakiya. "Kai ne. Ta nemi mai littafi ba ta samu ba. Ta ce ba ya noma, ba ya kora ko kurciya, amma in ta cire shi sai gonar ta zama ta wasu."

Barau ya tashi ya ce bari ya leƙa kasuwa.

"Filin kyauta ɗan kaɗan ne," in ji Hussaina, ta zana da farce a kusurwar gilashin. "Daga nan zuwa nan. Sauran duk na haya ne, har itacen. In ka soke, ƙarshen wata za su rufe. In kana so, a mayar da biyan kan katinka. Ba wanda zai ce don me."

Ya daɗe yana kallo. Zai iya. Fanshonsa, in ya ga damar zuwa, zai ɗauki tiyar gero. Sai ya ga kansa a gidan haya, tsoho da tabarau, yana shafa gilashi yana shayar da alkamar da bai san dalilin shuka ta a nan ba a can ba, yana biyan wasu mutane a wata ƙasa ladan riƙe masa makoki. Akwai wani ɗan shinge a gefen tafkin da bai gane ba. Akwai fulawa guda ɗaya, ja, ita kaɗai a bakin turba. Ya tambayi Hussaina, ta ce ita ma ba ta sani ba, Yaya ce kawai ta sani. Ashe gonar ba ita ce abin kallon ba. Mai nunawar ce, kuma ta yi ta kira.

"Ba ni wayarta," ya ce.

Sabis ɗin gidan sai a jikin katangar yamma, kusa da turken akuya. Nan ya tsaya a rana, ya ɗaga wayar sama. Hussaina ta ce ya shiga inda ake sauko da gem-gem, ya taɓa hoton Naja'atu, ya nemi wajen biyan kuɗi. Hoton na ranar wata Sallah ne, ta sha ɗauri, tana kallon gefe. Ya taɓa fuskarta da yatsa, abin ya buɗe. Ga sunan gem ɗin, ga ranar da za a sake cira. Ya danna soke. Ɗan da'ira ya yi ta juyawa.

Sai masu gem ɗin suka tambaye ta, da ladabi, me ya sa za ki bar mu? Suka jero amsoshi: ya yi tsada; ba na amfani da shi sosai; na sami wanda ya fi shi; wani dalili. Ya karanta su a hankali. Mutanen da suka tuna da saniya da tafki da hular mutum-mutumi, ba su tuna ana mutuwa ba. Ya zaɓi wani dalili.

Ba su haƙura ba. Suka ce kada ki tafi, mun rage miki rabi.

"Ka ji 'yan kasuwa," ya ce. "Barau ya zo ya ɗauki darasi."

Ya sake dannawa. Kin tabbata? Ya tabbata. Suka ce sun yi baƙin ciki, gonarki tana nan har ƙarshen wata, kuma ƙofa a buɗe take duk ranar da kika so dawowa.

Ya miƙa wa Hussaina wayar ya ce a mayar cikin kayan gado. Ya je bakin labule ya yi wa tsohuwa sallama, ta sa masa albarka. Hussaina ta raka shi zaure, ta ce za ta ci gaba da ban ruwan har ranar da za su rufe, ba ta iya barin alkamar Yaya ta bushe tana gani. Ya ce ta kyauta.

A motar komawa an ba shi gefen taga. Gero ya yi kai a gonakin bakin titi, waɗanda ake iya nomawa don suna kusa da shinge. Can baya, wajen dajin, sai ciyawa. Ya yi ta kallo har ya daina gani. Mutum ne da bai taɓa rasa amsa ba. Ya ba Naja'atu amsoshi iri-iri, kowace da gishirinta, har maƙwabta kan ji ta katanga su yi dariya. Guda ɗaya ce bai ba ta ba, wadda ko yaron da bai shiga aji ba ya iya. Wato a ce ya ajiye littafin, ya matsa mata a kan tabarma, ya ce:

"Kawo in gani."